Earendil: Matuƙin Jirgin Ruwan da Ya Zama Tauraro

A wasu watanni na shekara, idan aka idar da sallar magariba, kafin duhu ya gama rufe gari, ku ɗaga kai ku dubi yamma. Za ku ga wata tauraruwa fara sol, ta riga sauran fitowa, ta kuma fi su haske nesa ba kusa ba. Kakanninmu suka sa mata suna Zara, suka ce matar wata ce, saboda akan gan ta kusa da jinjirin wata kamar ta rako shi. A wasu watannin kuma ko an duba yamma ba za a gan ta ba, sai masu tashi da asuba su riƙa ganin wani tauraro mai irin haskenta a gabas. Shi ne Gamzaki.

Fiye da shekara 100 da suka wuce, wani ɗalibin jami'a a Ingila ya rubuta waƙa a kan wannan hasken. Shi bai ce matar wata ba ce. Cewa ya yi jirgin ruwa ne yake ratsa sararin sama, kuma akwai matuƙi a ciki. Daga wannan 'yar waƙa aka samu ɗaya daga cikin ƙagaggun duniyoyi mafi shahara a adabi, wadda miliyoyin mutane suka karanta labarinta, wasunku kuma sun kalle ta a fim. Yau labarin tauraron muka kawo muku, da na mutumin da ya ƙago shi. Tun farko mu faɗa muku, ƙagaggen labari ne irin na tatsuniya, ba tarihi ba ne, ba kuma addini ba. Amma hasken da aka gina labarin a kansa na gaske ne, yana nan a samanmu.

Kalma guda a tsohon littafi

Sunan ɗalibin John Ronald Reuel Tolkien, ana furta sunan ƙarshen kamar “Tolkin”. A Bloemfontein ta Afirka ta Kudu aka haife shi ranar 3 ga Janairu, 1892. Yana da shekara 4 mahaifinsa ya rasu, yana da 12 mahaifiyarsa ta bi bayansa a Ingila, ya tashi maraya shi da ƙanensa. Abin da ya fi so tun yana ƙarami shi ne harsuna, har yakan zauna ya ƙirƙiri nasa harshen, da kalmominsa da nahawunsa, don nishaɗi kawai.

Da ya shiga Jami'ar Oxford, sai karatu ya kai shi ga tsohon Turanci, irin wanda ake yi fiye da shekara 1,000 da suka wuce, wanda Baturen yau ba ya gane shi sai an koya masa. A cikin wata tsohuwar waƙar addinin Kirista, wadda take cikin wani kundi rubutun hannu da har yanzu ake ajiye da shi a garin Exeter, ya ci karo da wani suna: Earendel. Masana sun ce sunan yana nufin hasken alfijir ko tauraron asuba. A waƙar kuma, kalmar da aka kira duniyar mutane da ita tana nufin “ƙasar tsakiya”. Shekaru da yawa bayan haka Tolkien ya bayyana cewa daɗin sunan a kunne ne ya fara kama shi.

Ba Turawan Ingila kaɗai suka san sunan ba. A tatsuniyoyin mutanen arewacin Turai akwai wani Aurvandil, wanda jarumi Thor ya goyo a kwando ya tsallake da shi koguna masu tsananin sanyi. Yatsan ƙafarsa guda ya leƙo waje ya daskare, sai Thor ya ɓalle shi ya jefa sama, ya zama tauraro. Amma a Ingila labarin mai wannan sunan ya ɓace, suna kawai ya rage.

A watan Satumba na 1914, yana da shekara 22, Tolkien ya je hutu gonar ƙanwar mahaifiyarsa a Gedling, kusa da Nottingham. A can ya rubuta waƙa kan wani Earendel da ya tuƙa jirginsa daga bakin teku ya hau sararin sama. Da ya nuna wa abokinsa G. B. Smith waƙoƙin da ya yi a kan wannan matuƙin, sai abokin ya tambaye shi ainihin abin da suke magana a kai. Tolkien ya amsa cewa shi ma bai sani ba, amma zai yi ƙoƙari ya gano. Ku lura, bai ce zai ƙaga ba, cewa ya yi zai gano, kamar labarin yana nan a ɓoye yana jiran mai tono shi. Wane ne wannan matuƙin? Daga ina hasken jirginsa yake? Me ya raba shi da gida? Amsa waɗannan tambayoyi ta ci sauran rayuwarsa.

Asalin hasken

Ga amsar da ya samo. A duniyar da ya ƙaga, kafin a yi rana da wata, akwai wata ƙasa can yamma da babban teku, sunanta Valinor. A nan waɗansu manyan halittu masu ƙarfi suke zaune, waɗanda aka damƙa wa kula da duniya, ana kiransu Valar. Bishiyoyi biyu ne suke haskaka ƙasar: Telperion mai hasken azurfa, da Laurelin mai hasken zinariya. Idan ɗaya ta dushe sai ɗayar ta ɗauka.

Tare da Valar akwai wata al'umma da ya kira Elf, mu ce Elfawa. Siffarsu ta mutane ce, amma tsufa ba ya kashe su, sai dai makami ko baƙin ciki. Mafi gwaninta a cikinsu wani maƙeri ne, Feanor. Shi ya ƙera lu'ulu'u guda uku da ake kira Silmaril, ya zuba hasken bishiyoyin nan biyu a cikinsu. Aka tsarkake su, ta yadda duk hannun da yake da mugunta, in ya taɓa su zai ƙone.

Sai babban maƙiyi, Morgoth, ya haɗa baki da wata ƙatuwar gizo-gizo mai suna Ungoliant. Wannan ba Gizo na Ƙoƙi ba ne mai wayo da ban dariya, wannan haske take tsotsa ta amayar da duhu. Suka kashe bishiyoyin, ƙasa ta rufe da duhu. Yanzu babu sauran wannan hasken ko'ina sai a cikin lu'ulu'un Feanor. Aka roƙe shi ya bayar a fasa su a raya bishiyoyin, kowa ya amfana. Ya ƙi. Yana cikin ƙin ne labari ya iso cewa Morgoth ya riga ya kashe mahaifinsa, ya sace lu'ulu'un duka uku, ya tsere zuwa Ƙasar Tsakiya da ke gabashin teku.

Nan take Feanor da 'ya'yansa maza bakwai suka yi mummunar rantsuwa: duk wanda ya riƙe Silmaril, abokin gaba ne ko ɗan uwa, za su bi shi da yaƙi har ƙarshen duniya. Tun kafin su bar Valinor suka fara zubar da jinin 'yan uwansu Elfawa, don su ƙwace jiragen ruwan da za su tsallaka teku. Saboda wannan laifin aka rufe hanyar Valinor a bayansu, aka kewaye ta da duhu da tsibirai masu ruɗarwa. Hausawa suka ce kwaɗayi mabuɗin wahala. Kusan shekara 600 ana yaƙi da Morgoth a Ƙasar Tsakiya, biranen Elfawa suna faɗuwa ɗaya bayan ɗaya.

A cikin wannan zamanin ne wani mutum, Beren, da wata 'yar sarkin Elfawa, Luthien, suka kutsa har fadar Morgoth, suka ɓalle Silmaril guda daga kambinsa na ƙarfe. Lu'ulu'un ya yi ta wucewa hannu zuwa hannu har ya isa ga jikarsu, Elwing.

Yaron da aka gudu da shi

A nan Earendil ya shigo. Tolkien ya ɗan sauya sunan don ya dace da harshen Elfawa da ya ƙirƙira, inda yake nufin “masoyin teku”. Mahaifinsa Tuor mutum ne, mahaifiyarsa Idril 'yar sarkin Elfawa ce, ke nan yana da jinin al'ummomin biyu. An haife shi a Gondolin, birnin da aka ɓoye a tsakiyar duwatsu. Yana da shekara 7 wani ɗan gida ya tona asirin birnin, rundunar Morgoth ta ƙone shi ƙurmus. Aka gudu da yaron ta wata ɓoyayyar hanya ta ƙarƙashin ƙasa, har zuwa bakin teku, inda 'yan gudun hijira daga ko'ina suka taru. A nan ya girma, ya auri Elwing, suka haifi tagwaye, Elrond da Elros.

Earendil ya ga cewa babu sauran mai iya tare Morgoth in ba Valar ba. Ya gina jirgi da farin katako, ya sa masa suna Vingilot, ya shiga teku neman hanyar da aka rufe. Ya yi ta yawo, iska tana maido shi baya. Yana can ne 'ya'yan Feanor da suka rage, waɗanda rantsuwa ta hana su sakat, suka auka wa sansanin 'yan gudun hijirar don su karɓi Silmaril. Suka kama tagwayen suna ƙanana. Elwing kuwa ta rungume lu'ulu'un ta faɗa teku. Sai ɗaya daga cikin Valar, Ulmo mai kula da ruwaye, ya ɗago ta ya mayar da ita farar tsuntsuwa. Ta yi ta tashi cikin dare, haske a ƙirjinta, har ta faɗo cikin jirgin mijinta a galabaice.

Yanzu ba su da gidan komawa. Earendil ya ɗaura Silmaril a goshinsa, ya juya jirgi yamma, su biyu da matuƙa uku. Hasken ya keta duhun da ya hana kowa wucewa, suka isa Valinor. Ya tsaya a gaban Valar, bai roƙa wa kansa komai ba. Ya roƙi gafara ga Elfawan da suka yi laifi, da jin ƙai ga mutane, da taimako ga duka biyun. Da yake shi ɗan kowane ɓangare ne, yana da bakin yin magana da yawunsu. Aka karɓi roƙonsa.

Sai dai akwai abin da ya biya. Aka yanke cewa shi da matarsa ba za su sake taka Ƙasar Tsakiya ba har abada. Aka tsarkake jirginsa, aka ɗaga shi sama, Earendil yana riƙe da akalarsa, Silmaril yana goshinsa. Aka gina wa Elwing farar hasumiya a bakin teku. In jirgin ya kusanto, sai ta tashi da fukafukai ta tarye shi.

Tauraron kyakkyawan fata

Can a Ƙasar Tsakiya, mutanen da suka riga suka fid da rai sai suka ga sabon tauraro ya fito a yamma. Suka sa masa suna Gil-Estel, wato tauraron kyakkyawan fata. Ba a daɗe ba rundunar Valar ta iso, aka gwabza yaƙin da ya kawo ƙarshen Morgoth. A yaƙin, Earendil ya zo da jirginsa ta sama ya kayar da Ancalagon, mafi girman dodanni masu fukafukai da aman wuta.

Wurin da ya fi tsaya mana a rai a duk labarin shi ne lokacin da 'ya'yan Feanor biyu da suka rage, Maedhros da Maglor, suka hango sabon tauraron. Sun gane shi, lu'ulu'un mahaifinsu ne, wanda suka kashe 'yan uwansu saboda shi. Sai Maglor ya ce wa wansa ai kamata ya yi su yi murna, tunda yanzu kowa yana ganin kyansa, kuma babu mugun da zai iya kai hannu gare shi. Duk da haka rantsuwa ba ta sake su ba. Bayan yaƙi suka sace sauran biyun. Da suka riƙe su sai hannuwansu suka ƙone, domin ayyukansu sun riga sun ɓata haƙƙinsu. Maedhros ya faɗa cikin wani rami mai wuta da nasa, Maglor ya jefa nasa a teku. Guda a cikin ƙasa, guda a cikin ruwa, guda a sama.

Ku auna wannan da kyau. Lu'ulu'u uku ne, haske iri ɗaya. Duk lokacin da wani ya ce “nawa ne ni kaɗai”, jini ne yake zuba. Biyun da aka yi ta ƙwace sun ɓace, ba su amfani kowa ba. Gudan da aka ɗauka don a roƙa wa wasu alheri, shi ne ya rage, kuma kowa ya samu rabonsa ba tare da ya rage wa wani ba.

Tauraron bai tsaya nan ba. Shi mutane suka bi a jiragensu har suka isa tsibirin Numenor, inda Elros ya zama sarki na farko. Daga zuriyarsa Aragorn ya fito, wanda masu kallon fim suka sani. Elrond kuwa ya zaɓi zama cikin Elfawa, ya rayu dubban shekaru. Ku yi tunanin ɗan da aka raba da mahaifinsa tun yana ƙarami, ba zai sake jin muryarsa ba a wannan ƙasar, amma yana iya fita da yamma ya hango shi yana wucewa.

'Yar kwalbar Frodo

Waɗanda suka karanta littafin The Lord of the Rings, wato Ubangidan Zobba, wanda ya fito a 1954 da 1955, ko suka kalli finafinansa uku da Peter Jackson ya shirya daga 2001 zuwa 2003, sun ga wannan hasken ko da ba su gane shi ba. A lissafin labarin, fiye da shekara 6,000 sun wuce. Frodo, ɗan wata al'umma ta gajerun mutane da ake kira Hobit, ya ɗauki nauyin kai wani mugun zobe inda za a halaka shi. A hanya, sarauniyar Elfawa Galadriel ta ba shi wata 'yar kwalba. Ruwan maɓuɓɓugarta ne a ciki, wanda ya kama hasken tauraron Earendil.

A cikin wani kogo mai baƙin duhu, Frodo da abokinsa Sam suka haɗu da Shelob, wata ƙatuwar gizo-gizo. 'Yar Ungoliant ce, wadda ta kashe bishiyoyin tun farko. Kuma abin da ya kore ta shi ne hasken 'yar kwalbar nan. Ku bi sawunsa baya: kwalba ta samo daga tauraro, tauraro daga Silmaril, Silmaril daga bishiyoyin da uwarta ta zaci ta shanye haskensu duka. Sam, wanda mai aikin lambu ne kawai, shi ya fara lura tun kafin su shiga kogon cewa ashe su ma suna cikin tsohon labarin nan ne, bai ƙare ba tukuna.

Wannan shi ne abin da ya sa duniyar Tolkien take kama da gaske. Babu abin da ya faɗo daga sama haka kawai. Ko 'yar kwalba tana da asali, asalin ma yana da nasa asalin.

Wanda ya san duhu

Me ya sa marubucin ya damu da haske a cikin duhu haka? Ku duba shekarar da ya rubuta waƙar farko. A watan Agusta na 1914 Ingila ta shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya. Tun a makarantar sakandare a Birmingham, Tolkien yana da aminai uku da suke haɗuwa su sha shayi a ɗakin karatu, su tattauna littattafai, su karanta wa juna abin da suka rubuta. Dukkansu suka tafi yaƙi. Rob Gilson ya mutu ranar 1 ga Yuli, 1916, ranar farko ta gumurzun Somme a Faransa, ranar da sojojin Birtaniya fiye da 19,000 suka mutu. G. B. Smith, wanda ya yi masa waccan tambayar, ya mutu a watan Disamba na shekarar. Kafin mutuwarsa ya rubuta wa Tolkien wasiƙa yana fatan in shi bai dawo ba, Tolkien ya faɗi abubuwan da shi ya so ya faɗa.

Tolkien kansa ya yi watanni a ramukan yaƙi na Somme a matsayin jami'in sadarwa, har zazzaɓin da ƙwarƙwata ke yaɗawa ya kwantar da shi, aka mayar da shi gida. Yana jinya ya fara rubuta labarin faɗuwar Gondolin, birnin da aka gudu da Earendil daga cikinsa. Maraya ne da ya rasa abokansa yake rubuta labarin ɗan gudun hijirar da ya rasa gida. Shi ya sa fatan alherin da ke cikin labarin ba na arha ba ne: ana samun ceto, amma wani ya biya.

Ya zama farfesa a Oxford a 1925, ya wallafa The Hobbit a 1937, ya rasu ranar 2 ga Satumba, 1973. Shekara 59 ke nan daga waƙar farko, kuma bai taɓa kammala cikakken labarin tafiye-tafiyen Earendil ba. Ɗansa Christopher ne ya tattara takardunsa ya fitar da The Silmarillion a 1977, inda aka ba da labarin a taƙaice.

Abin da ke can sama da gaske

To mene ne ainihin hasken nan? Zara da Gamzaki abu guda ne, kuma ba tauraro ba ne. Duniya ce kamar tamu, ta biyu daga rana, Turawa suna kiranta Venus, Larabawa kuma Zuhra. Girmanta ya kusa na duniyarmu. Ba ta da hasken kanta, farin gajimare mai kauri da ya lulluɓe ta ne yake maido da mafi yawan hasken rana da ya sauka a kansa. In aka cire rana da wata, babu abin da ya kai ta haske a samanmu. Ƙarƙashin gajimaren kuwa zafi ya haura 460 a ma'aunin Selshiyos, wanda ya isa ya narkar da darma. Ku tuna yadda muke kuka da bazara in ya haura 40.

Tana kewaya rana cikin kwana 225, kuma hanyarta tana tsakaninmu da rana. Ku ɗauka akuya ce aka ɗaure a turke: duk inda ta zaga, ba ta wuce tsawon igiyarta. Rana ce turken. Shi ya sa ba za ku taɓa ganin Zara a tsakiyar sama da tsakar dare ba. Ko dai ta biyo bayan rana da yamma, ko ta riga ta fitowa da asuba. Takan yi wajen wata takwas zuwa tara tana fitowa da yamma, ta ɓace na 'yan kwanaki, sannan ta bayyana a gabas a matsayin Gamzaki. Zagayen yana maimaituwa duk bayan kwana 584. Tolkien ya kiyaye wannan, domin jirgin Earendil ma da safe ko da yamma aka fi ganinsa.

Akwai kuma wani ƙarin abin mamaki. A ƙarshen watan Maris na 2022, masana taurari ƙarƙashin jagorancin Brian Welch na Jami'ar Johns Hopkins a Amurka suka sanar da cewa na'urar hangen nesa ta Hubble, wadda take shawagi a sararin samaniya, ta hango wani ɗigon haske da ya yi tafiyar shekara biliyan 12.9 kafin ya iso gare mu. Ku tuna haske yana gudun kilomita kusan 300,000 a daƙiƙa guda, na rana ma minti 8 da 'yan kai yake yi a hanya. An iya ganinsa ne saboda wasu manyan gungun taurari da ke tsakani sun lanƙwasa hasken da nauyinsu, suka ƙara masa girma sau dubbai, kamar gilashin tabarau. Masanan suka sa masa suna Earendel, tsohuwar kalmar nan da ta kama Tolkien. Ana ci gaba da bincike ko tauraro guda ne ko tarin taurari. In ƙaton tauraro guda ne, to ya daɗe da mutuwa, domin irinsu ba sa tsawon rai. Haskensa ne kawai yake ci gaba da tafiya, kamar na bishiyoyin Valinor.

Namu taurarin fa?

Tolkien bai tsaya kan tauraro guda ba. Ya ba wasu taurarin gaske sunaye a harsunansa. 'Yan taurarin nan da suke cure wuri guda, ya kira su Remmirath, wato taurarin da ke cikin raga. Mu a nan Kaza da 'Ya'yanta muke ce musu, malamai kuma su ce Surayya. Malamanmu da tsofaffin manoma suna da lissafin shekara da taurari 28, kusan kowane yana da kwana 13, irin su Zira'a da Nasara da Ɗarfa da Jabha, da su ake sanin inda damina ta kai.

Abin da Tolkien ya fara da shi bai kai wannan yawa ba. Suna guda ya tsinta, wanda labarinsa ya riga ya mutu saboda ba a rubuta shi ba. Mu namu sunayen suna nan da rai a bakin tsofaffi. Amma ku tambayi 'yan ajinku, mutum nawa ne zai iya nuna Gamzaki a sama? Fitilun birni da hasken waya sun sa ba mu cika ɗaga kai ba, kuma duk tsohon da ya rasu ba a tambaye shi ba, ya tafi da nasa sanin.

Saboda haka ga aikin wannan makon. Ku duba yamma bayan magariba, in ba ku ga Zara ba ku duba gabas kafin fitowar rana. Za ku gane ta da ƙarfin haskenta, kuma ba ta ƙyaftawa kamar sauran taurari. Sannan ku sami kaka ko wani dattijo a unguwa, ku gaishe shi da ladabi, ku tambaye shi sunayen taurarin da ya sani da abin da aka gaya masa game da su yana yaro. Ku rubuta daidai yadda ya faɗa, kada ku gyara. Bayan nan ku buɗe sabon shafi ku yi irin tambayoyin Tolkien. In Zara matar wata ce, me ya sa ba kullum suke tare ba? Ina take zuwa a kwanakin da take ɓacewa? Me ya sa in ta dawo ta gabas take sauya suna? Kimiyya ta ba mu amsarta, kun karanta a sama. Amsar labari kuwa taku ce. Matambayi ba ya ɓata. Ku aiko mana da abin da kuka samo, da sunan makarantarku da ajinku, za mu buga waɗanda suka fi kyau a wannan shafin.